Tambayi Baffa: Wai su waye ke yawon buɗe ido a Chaina?

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da wannan mako. Saƙonnin da suka taru mana wannan karon yawanci akan Chaina ne, to na tsinto guda shida, masu kama da juna kuma na haɗe su.

Baffa barka da aiki. Gardama muke a majalisarmu, abokina ya dage wai Chaina ta fi kowace ƙasa a duniya samun 'yan yawon buɗe ido, ni kuma na ce Faransa ce. Dan Allah ka raba mana. Auwalu, Gwammaja, Kano.

Ɗana Auwalu, in dai baƙin da ke shigowa daga wata ƙasa kuke nufi to kai ne da gaskiya. Faransa ta karɓi baƙi wajen miliyan 100 a 2024, Sifaniya na biye da ita da miliyan 94. Ina jin abin da abokinka ya gani shi ne adadin nan na miliyan 145 da ake cewa sun shiga Chaina a 2019, kuma adadin ba ƙarya ba ne, sai dai a cikinsa har da mutanen Hong Kong da Makawu da Taiwan, kuma su ne mafi rinjaye nesa ba kusa ba, wani ɗan Hong Kong ma da safe zai tsallako Shenzhen, birnin Chaina da ke maƙwabtaka da su, ya yi cefane ko ya ci abinci ya koma gida da yamma an rubuta shi a lissafi. In ka ware ainihin 'yan ƙasashen waje masu fasfo na wata ƙasa, ba su wuce miliyan 32 ba a waccan shekarar. Ka duba fa, Tailan da ba ta kai wani babban lardin Chaina yawan jama'a ba ta samu kusan miliyan 40 a shekarar.

Amma kar ka yi saurin yi masa dariya, dan akwai inda Faransar ba ta ko kama ƙafar Chaina ba. Harkar yawon buɗe ido a Chaina 'yan ƙasa ne ke riƙe da ita. A 2019 tafiye-tafiyen da 'yan Chaina suka yi a cikin ƙasarsu sun kai biliyan 6, biliyan fa ba miliyan ba. Tafiya ake ƙirgawa ba kan mutum ba, wato in ka raba da mutum biliyan 1.4 kowa ya tashi da kamar tafiya huɗu a shekara. Kuɗin da suka kashe a wannan yawo ya haura yuwan tiriliyan 5.7, yuwan shi ne kuɗin Chaina. Korona ta zo ta durƙusar da komai, a 2023 aka farfaɗo zuwa tafiya biliyan 4.89, a 2024 kuma biliyan 5.6. In ka yi lissafi da adadin 2019 kowace tafiya bai fi yuwan 1,000 ake kashewa ba, wato ba wasu attajirai ba ne, ma'aikata ne da ɗalibai da tsofaffin da suka yi ritaya, yawansu ne ya sa kuɗin ya zama abin da ya zama.

Ni wannan ne abin da nake so duk mai karanta shafin nan ya riƙe, domin duk sauran amsoshin da ke ƙasa daga nan suka taso. Otal-otal ɗin, jiragen, manhajojin waya, hatta yadda ake sayar da tikitin shiga wuraren tarihi, ɗan ƙasa aka yi wa su. Baƙo daga baya aka fara tunawa da shi.

Baffa ina gaisuwa. Ni malamin makaranta ne. Ya aka yi ƙasar da ake ba mu labarin ta yi fama da yunwa ta kai wannan matsayi? Kuma jirgin ƙasan da ake ta zuzutawa irin namu na Abuja zuwa Kaduna ne, tunda na ji su suka yi mana? Malam Habibu, Zariya.

Malam Habibu sannu da ƙoƙari, Allah ya saka wa malamai. A 1978 lokacin da jagoran Chaina Deng Xiaoping ya fara buɗe ƙasar, 'yan ƙasashen waje da suka shiga Chaina a shekarar gaba ɗaya wajen 230,000 ne kacal. A 1979 shi Deng ɗin, yana da shekara sama da 70, ya hau dutsen Huangshan da ƙafarsa ya ce wa hukumomin yankin su tallata wurin su nemi kuɗi da shi. A lokacin dalar baƙi suke nema. Abin da ya juya harkar zuwa cikin gida abu biyu ne, kuma dukkansu ba gini ba ne. A 1995 aka mayar da aiki kwana biyar a mako, mutane suka samu Asabar da Lahadi. Sai a 1999 gwamnati ta ƙirƙiro hutun mako guda cur har sau uku a shekara, da gangan aka yi dan mutane su fita su kashe kuɗi bayan rikicin tattalin arzikin da ya girgiza Asiya a 1997. Ga albashi na ƙaruwa ga hutu, to me ya rage, sai hanya.

Nan ne maganar jirgin ta shigo. Eh kamfanin CCECC na Chaina ne ya shimfiɗa layin Abuja zuwa Kaduna mai kilomita 186 da aka buɗe a 2016, amma ba iri ɗaya ba ne sam. Namu na dizal ne mai gudu na al'ada. Wanda ake zuzutawa na lantarki ne, yana da layinsa daban da babu abin da ke tsallaka shi, yawanci ma a kan gadoji yake tafiya ko ta cikin duwatsu, gudunsa kilomita 250 zuwa 350 a awa. Layin farko mai gudun 350 shi ne na Beijin zuwa Tianjin, a 2008 aka buɗe shi ana gab da fara gasar Olamfik. Zuwa ƙarshen 2024 tsawon layukan ya kai wajen kilomita 48,000, ya fi na duk sauran ƙasashen duniya in aka haɗa su. Beijin zuwa Shanghai kilomita 1,318 ne, ya fi Kano zuwa Legas nisa, amma awa huɗu da rabi ake yi, kuma kujerar talaka wajen yuwan 600 ce. Beijin zuwa Gwanzu kilomita 2,298, kamar awa takwas.

Abin da jirgin nan ya yi wa yawon buɗe ido shi ne ya mayar da wuraren da a da sai ka ɗauki hutu ka shirya guzuri suka zama na zuwa ranar Asabar a dawo Lahadi. Misali Babbar Ganuwa, ɓangaren Badaling da aka fi zuwa, tun ƙarshen 2019 akwai tashar jirgi a ƙarƙashin dutsen, zurfinta ya haura mita 100, daga Beijin kamar rabin awa ka isa. Ko garin Zibo da ke lardin Shandong, garin masana'antu ne da ba wanda ke zuwa yawo, a 2023 ɗalibai suka fara ɗora bidiyon gashin naman garin a intanet, kafin ka ce me jama'a sun yi ca, har hukumar jiragen ƙasa ta ƙara jirage na musamman a ƙarshen mako saboda masu zuwa cin nama. Da babu layin da bidiyon zai tsaya a bidiyo ne kawai.

Ba jirgin ƙasa kaɗai ba. Manyan tituna masu faɗi sun haura kilomita 180,000, filayen jirgin sama na fasinja sun fi 250, ciki har da sabon na Daxing a Beijin da aka buɗe a 2019. Kuma akwai wani aiki da ba a cika faɗa ba amma ni a wurina yana cikin mafi muhimmanci, wato banɗaki. A 2015 suka ƙaddamar da gangami na musamman akan banɗakunan wuraren yawo, dan ƙazantarsu ta zama abin da kowane baƙo ke komawa gida da labarinsa, cikin shekara uku aka gina ko aka gyara wajen 68,000. Mace mai tafiya da yara ko dattijo mai ciwon suga ya san darajar wannan fiye da dogon bene. Sannan suna ba wuraren yawo maki daga A ɗaya zuwa A biyar, ana duba tsafta da hanya da tsaro, kuma wurin da ya lalace ana ƙwace masa makin, an sha yi.

Kar in ba ka rabin labari Malam. Kamfanin jiragen ƙasa na gwamnati bashin da ke kansa ya haura yuwan tiriliyan 6, layuka kaɗan ne irin na Beijin zuwa Shanghai ke cin riba, da yawa na yammacin ƙasar ba sa mayar da kuɗinsu. Ƙananan hukumomi kuma sun yi ta kwaikwayon juna ido rufe, wannan ya gina sabon gari ya yi masa fasalin na da ya ce tsohon gari ne, maƙwabcinsa ma ya gina, ƙarshe wasu suka zama kufai ba mai zuwa. Haka da gadar gilashi ta Zhangjiajie ta yi suna a 2016 kowa ya tashi sai ya yi tasa, har lardin Hebei ya rufe guda 32 saboda matsalar tsaro. Wannan ɓarnar kuɗin jama'a ce kuma ba na ganin akwai wani suna da za a sa mata.

Baffa na gani a Facebook wai yanzu Chaina ta cire biza kowa zai iya shiga. Da gaske ne? Ibrahim, Maraɗi.

Ɗana Ibrahim, ba da mu ba. Daga Disambar 2023 suka fara yafe wa wasu ƙasashe biza, suka fara da Faransa, Jamus, Italiya, Holan, Sifaniya da Malesiya, daga baya suka yi ta ƙarawa, kuma a 2024 shigar da aka yi ba biza ta kai miliyan 20. Akwai kuma izinin kwana goma na mai wucewa zuwa wata ƙasa. Amma mai fasfon Nijar ko Najeriya na gama-gari ba ya cikin waɗannan jerin, sai ka nemi biza, ta yawo ita ce L ta kasuwanci kuma M. Duk ejan da ya ce zai shigar da kai ba biza, riƙe kuɗinka.

Baffa ina wuni. Ni 'yar kasuwa ce, atamfa da kayan kicin nake sarowa, da Dubai nake zuwa yanzu ina so in gwada Gwanzu. Amma an tsorata ni, wai ba a karɓar tsabar kuɗi, wai waya ba ta aiki, wai otal na korar baƙar fata. Hajiya Binta, Sakkwato.

Hajiya lafiya lau, Allah ya sa albarka a kasuwa. Kowace magana cikin ukun nan akwai gaskiya a ciki, amma ba wadda ta isa ta hana ki tafiya.

Kuɗi tukuna. A doka ba a yarda ɗan kasuwa ya ƙi karɓar tsabar yuwan ba, sai dai a aikace kusan kowa da waya yake biya, Alipay ko WeChat Pay, daga mai tasi har mai sayar da 'ya'yan itace a bakin titi, dan haka za ki iya miƙa takardar yuwan 100 a ce miki babu canji. Shekara da shekaru baƙi na shan wahalar wannan saboda sai kana da asusun bankin Chaina manhajar ke yi, sai a tsakiyar 2023 aka buɗe yadda za a haɗa katin Visa ko Mastercard na waje. Ki sauke manhajar tun kina gida, ki sa fasfonki a tantance ki, ki tabbatar katin da za ki haɗa na asusun dala ne ko wanda bankinki ya tabbatar miki yana aiki a waje, kuma duk da haka ki riƙe 'yan canji a jaka.

Waya kuma, WhatsApp da Facebook da Google da Instagram duk a toshe suke a intanet ɗin ƙasar. Wanda ya bar layinsa na gida a buɗe yana amfani da datarsa a can yakan samu su yi masa aiki amma da tsada. Abin da ya fi sauƙi ki sa yaranki da abokan cinikinki su buɗe WeChat kafin ki tashi, dama da shi za ki riƙa magana da masu kaya, yana ma fassara saƙo.

Maganar otal ita ce mai ciwo. Akwai ƙananan otal da yawa da ke cewa ba sa karɓar ɗan ƙasar waje ko wane launi ne, saboda dole su yi wa baƙo rajista da 'yan sanda kuma na'urarsu katin ɗan ƙasa ta sani ba fasfo ba. A 2024 hukumomi sun fito sun ce a daina, abin ya ragu amma bai ƙare ba. Bayan wannan kuma akwai wariya ta gaske, ba zan ɓoye miki ba. A Afrilun 2020 lokacin korona an fitar da 'yan Afirka daga gidajen haya da otal a Gwanzu, wasu suka kwana a titi, har jakadun ƙasashen Afirka suka rubuta takardar koke, a Abuja ma aka kira jakadan Chaina. Abin ya yi min zafi a lokacin kuma har yanzu yana yi. Shawarata ki kama ɗaki tun kafin ki tashi ta manhaja irin Trip.com, ki duba an rubuta suna karɓar baƙin waje, kuma karon farko ki sauka a unguwar Xiaobei ko Sanyuanli inda mutanenmu suka saba sauka, akwai masu tafinta da masu haɗa kaya a kwantena da suka san hanya. In a gidan wani za ki sauka ba otal ba, cikin awa 24 sai an je ofishin 'yan sanda an yi miki rajista, kar ki yarda a ce miki ba komai.

In kayan kicin ne da ƙananan kaya, ki sa garin Yiwu a lissafinki, kasuwar can ta fi ta Gwanzu a wannan fannin kuma jirgin ƙasa na zuwa. Kuma Hajiya tunda kin kashe kuɗin jirgi har can, ki ware ko kwana biyu ne ki je Guilin, kamar awa uku ne daga Gwanzu a jirgin ƙasa, kogin Li da duwatsunsa su ne hoton da ke bayan takardar yuwan 20. Mutanenmu da yawa daga otal sai kasuwa sai filin jirgi, shekara goma suna zuwa ba su ga komai ba, ni dai ina ganin asara ce.

Salamu alaikum Baffa. Musulmi zai samu abincin halal da masallaci kuwa? Kuma da gaske kabarin Sahabi Sa'adu bin Abi Waƙƙas yana can? Alhaji Ɗanjuma, Kumasi.

Wa alaikumus salam Alhaji, a gaida mutanen Zango. Musulmin Chaina sun haura miliyan 20, mafi yawa ƙabilar Hui da Uigur. Abinci ba matsala a manyan garuruwa, kusan kowace unguwa za ka samu shagon taliyar Lanzhou da naman sa, yawanci Musulmi ne ke da su. A 'yan shekarun nan an sa an cire rubutun Larabci daga allunan shaguna da yawa, dan haka ka ajiye hoton wannan alamar a wayarka, 清真, duk inda ka gan ta na halal ne.

A Gwanzu akwai masallacin Huaisheng mai tsohuwar hasumiya, yana cikin mafi daɗewa a ƙasar, sai masallacin Xianxian inda kabarin da ka tambaya yake, nan ne baƙi suka fi cika ranar Juma'a. Musulmin can sun gaji labarin cewa Sa'adu ne ya kawo musu Musulunci kuma nan aka binne shi. Amma abin da malaman tarihin Musulunci suka tabbatar shi ne Sa'adu, Allah ya ƙara masa yarda, a Aƙiƙ kusa da Madina ya rasu aka binne shi a Baƙi'a. Ka je ka yi sallah ka yi wa magabatan da ke kwance a wurin addu'a, dan tabbas tsohuwar maƙabartar Musulmi ce, amma kar ka dawo kana cewa ka ziyarci kabarin Sahabi. In ka samu dama ka je Xi'an, babban masallacinta ginin katako ne irin na Sinawa da farfajiya bayan farfajiya, kuma a wajen garin ne ake da sojojin yumɓun nan dubbai da manoma suka tono a 1974 suna haƙa rijiya.

Sai yankin Xinjiang. Gwamnati na tallata shi sosai a matsayin wurin yawo kuma 'yan ƙasa na tururuwa can. Amma a Agustan 2022 ofishin kare haƙƙin ɗan Adam na Majalisar Ɗinkin Duniya ya fitar da rahoto cewa an tafka manyan take haƙƙi akan Uigur da sauran Musulmin yankin, Chaina ta musanta. Wanda zai je ya tafi da sanin wannan, kuma ya kiyaye jan mutanen wurin da hirar siyasa ko addini, kai za ka hau jirgi ka tafi, su ne za su zauna da abin da ya biyo baya.

Baffa wane lokaci ya fi dacewa a je? Ni da maigidana muke so mu je hutu. Maman Ilham, Kaduna.

'Yata Allah ya ƙara danƙon zumunci. Lokaci uku za ku guje wa. Makon farko na Oktoba hutun ranar ƙasa ne, a na 2024 tafiya miliyan 765 aka yi cikin kwana bakwai. Sai farkon Mayu hutun ma'aikata. Sai sabuwar shekararsu da ke faɗowa tsakanin ƙarshen Janairu da tsakiyar Fabrairu, wannan kam kwana 40 ake yi ana zirga-zirga, kasuwanni da masana'antu ma rufewa suke. In ta Gwanzu za ku shiga ku sani ana baje kolin Canton daga tsakiyar Afrilu zuwa farkon Mayu da kuma tsakiyar Oktoba zuwa farkon Nuwamba, tun 1957 ake yinsa, masu saye daga waje kan haura 250,000, kuɗin otal ninkawa yake.

Tsakiyar Mayu ko Satumba sun fi, ba sanyi mai tsanani ba zafi. Tikitin jirgin ƙasa kwana 15 kafin tafiya ake fara sayarwa a manhajar 12306, da lambar fasfo ake saye kuma fasfon ne tikitinku a bakin ƙofa. Fadar sarakuna ta Beijin, wadda mutum miliyan 19 suka shiga a 2019, tana ƙayyade adadin masu shiga kullum, ta intanet ake kama wuri mako guda kafin ranar kuma nan da nan yake ƙarewa, sannan ba sa buɗewa ranar Litinin.

Masu tambaya akan zuwa asibiti Indiya da Masar, naku na mako mai zuwa in Allah ya kai mu.